Lambun Baffa: yuriya kwano 4, tumatir ya ƙi haihuwa, kabeji kuma na fama da yunwa a gefe

Abin nan a lambun Baffana ya faru, ƙanin mahaifina, can bayan garin Kano ta hanyar Zariya kafin ka kai Kura. Da ya yi ritaya sai ya ce shi fa ba zai iya zaman majalisa tun safe har la'asar ba, yana da wani kango da ya kewaye tun da daɗewa bai samu halin ginawa ba, irin filin nan mai ƙafa 50 da 100, akwai rijiya a ciki, sai ya sayi ɗan injin ban ruwa ya ce lambu zai yi, ko ba komai gida ya huta da cefanen kayan miya. Ni kuma na ɗan karanci harkar noma kuma ina taɓawa, shi ya sa da abu ya rikice ni ya nema.

Wurin da ya gyara ba wani babba ba ne, daga baya mun sa tef mun auna, mita 10 tsawo 10 faɗi, wato murabba'in mita 100, ya yanka shi fangali-fangali. Filin yana da ɗan gangare. Ta sama rairayi ne sosai, jigawa, ka zuba ruwa yanzu ka waiwaya ya shanye, ta ƙasa kuma wajen katanga akwai laka-laka, ruwa na ɗan daɗewa. A sama ya dasa kabeji da salak da fangali guda na alayyahu, ya jera masara a gefe don ta tare iskar hunturu. A ƙasa ya sa tumatir da attaruhu da albasa fangali 2. Farkon Nuwamba ya yi dashe, wajen ƙarshen Disamba ya bugo mini waya ya ce, ɗana zo ka ga ikon Allah, taki ɗaya na ba su, rabi sun ƙoshi har sun ƙi haihuwa, rabi kuma kamar an yi musu baki.

Da na shiga wallahi sai na ga kamar gonaki biyu ne na mutum biyu aka haɗa. Tumatir ya yi duhu, ya kai mini ƙugu, ganye kore shar har yana neman komawa baƙi, kara ya yi kauri kamar babban yatsa amma ka matsa ka ji shi ruwa-ruwa, ganyen can sama ya nannaɗe ya duƙa ƙasa. Wanda bai sani ba zai ce ma sha Allah wannan lambu ya yi kyau. Amma ka buɗa ciki ka nemi fure, ɗai-ɗai ne, wanda ya fito ma ka taɓa shi sai ya faɗo, ƴan ƴaƴan da suka ƙulla kuma wasu gindinsu ya yi baƙi ya loɓa. Na juya bayan ganye, darɓa ce fal da farin ƙuda, hannuna har yana danƙo. Albasa ita ma ganye ne tuli, wuya ya yi kauri, ƙasa babu wani kai na kirki. To ka taka taku biyar ka haura sama, kabeji ya tsugune wuri guda ya ƙi naɗewa, ganyen ƙasa ya yi rawaya wasu har da ɗan ja-ja a baki, salak fari fat kamar mai ciwon shawara, masara siririya ko gwiwa ba ta kai ba.

Masarar ce ta fara ba ni amsa. Na tsinko ganyenta na ƙasa na nuna wa Baffa, rawayar ta faro daga tsinin ganye ta bi jijiyar tsakiya tana tafiya ciki kamar bakin mashi, gefe da gefe kuma da sauran kore. Wannan alama ce da ba ta cika yin ƙarya ba, yunwar naitirojin ce, wato sinadarin nan na cikin taki da ke gina ganye. Kuma dalilin da ya sa ganyen ƙasa ke fara nunawa shi ne naitirojin yana yawo a jikin shuka, in ya yi ƙaranci sai shukar ta kwashe shi daga tsofaffin ganye ta kai wa sababbi masu tohowa, kamar dai uwa ta hana bakinta ta ba jariri. Da a ce ganyen sama ne ya fara rawaya na ƙasa yana kore, to da sai mu fara tunanin salfa ko sinadarin ƙarfe, wannan wata magana ce daban. Na kuma yi tunanin sanyi, don masara da alayyahu ba sa son hunturu, sukan yi nawa, amma kabeji da salak ai lokacinsu ne, babu dalilin da zai sa su yi haka saboda sanyi.

Ruwa dai ba ya tsami banza, sai na ce Baffa me kuka zuba a nan kafin dashe? Ya ce ai da ya ga rairayin ba ya riƙe ruwa wani ya ba shi shawara ya samo garin katako daga wajen masu yankan katako, da ɓuntun shinkafa da ake samu kusan kyauta a injinan Kura, ya cakuɗa da ƙasar, ya kuwa kawo buhunhuna ya sa yara suka kafce suka juya shi ciki. Na durƙusa na tona da hannu, ga shi nan kuwa, garin katakon ko launi bai canza ba, sai wani farin zare-zare na naman gwari da ya fara bin sa. Nan na gane inda abincin kabejin yake tafiya. Cikin ƙasa akwai ƙananan halittu da ido ba ya gani, su ne ke cinye duk wani kara da ganye da kashin dabba su mai da shi taki, kuma su ma sai da naitirojin suke gina jikinsu. Abin da suke so shi ne kayan da kabon ɗinsa, wato sinadarin da ya fi yawa a busasshen kara da katako, ya kai kamar kashi 25 zuwa 30 a kan kashi 1 na naitirojin. Garin katako kuwa kabon ɗinsa ɗaruruwa ne a kan 1. To ka tara musu tulin abinci babu mahaɗi, sai su bi ƙasa su wawushe ɗan naitirojin ɗin da ke ciki su riƙe a jikinsu, kuma sun fi saiwar shuka zafin nama, kafin kabeji ya miƙa hannu sun gama. Ba wai ya ɓata ba ne gaba ɗaya, in katakon ya ruɓe su ma suka mutu zai dawo, amma wannan maganar watanni ce, shi kuma kabeji kwanakinsa ƙidayayyu ne. Shawarar da aka ba Baffa ba banza ba ce gaba ɗaya, da a saman ƙasa ya shimfiɗa shi kawai ya rufe gindin shuka don rage bushewa, da bai yi wannan ɓarnar ba, binnewar ce ta jawo.

Ɓangaren ƙasa kuma labarin ya sha bamban. Can bai sa katako ba, kashin kaji ya samo daga gidan gonar masu ƙwai, ɗanye, buhu 3, ya zuba ya dasa a satin. Ya ce ai shi ya sa dashen farko da yawa suka ƙone sai da ya sake sayen iri ya cike gurbi, ya ɗauka irin ne ba shi da kyau. Kashin kaji kuwa duk cikin takin gida babu mai zafinsa, ya fi na shanu da na tumaki naitirojin nesa ba kusa ba, kuma da sauri yake sakin sa. Wato tumatir ɗin nan tun ran farko a ƙoshe yake har wuya.

Sai kuma babbar magana, yuriya. Da Baffa ya ga kabeji na rawaya sai ya je kasuwa ya auno yuriya kwano 2, ya zo ya watsa wa lambun gaba ɗaya, har da tumatir da albasa, don a cewarsa kar a yi wa wasu rowa. Kabejin ya ɗan farfaɗo kamar kwana 10 ya sake komawa, sai ya ƙara auno kwano 2 ya sake watsawa. Na ce Baffa da wane lokaci kuke watsawa? Ya ce in ya yi ban ruwa da safe, zuwa hantsi ƙasa ta ɗan sha iska sai ya bi ya watsa a sama kamar yadda ya ga ana yi a gonar shinkafa, ruwa na gaba kuma sai bayan kwana 2. Kuma yana barbaɗa toka a gindin shuka saboda ƙwari, kamar yadda iyayenmu ke yi. Na ce to ba kwa jin wani wari washegari? Ya yi shiru ya ce wallahi akwai wani zarni da yake ji da safe, har ya yi wa yaran unguwa faɗa ya ɗauka su ke fitsari a bayan katanga. Na ce Baffa wannan zarnin kuɗinku ne yake tashi sama.

Ga yadda abin yake. Yuriya kashi 46 cikin 100 ɗinta naitirojin ne, wato buhu mai kilo 50 yana ɗauke da kilo 23, shi ya sa ta fi kamfa ƙarfi sosai, don kamfa mai 15-15-15 kilo 7 da rabi kacal ke cikin buhu. Kuma sinadari ɗaya ne da wanda ke cikin fitsari, shi ya sa warin ya zo ɗaya. In ƙwayar yuriya ta faɗa kan ƙasa mai danshi sai ta narke, cikin ƴan kwanaki ta rikiɗe ta zama amoniyam. In a binne take, ƙasa za ta kama shi ta riƙe, musamman laka da ruɓaɓɓen taki. In kuwa a fili take, ga rana ga iskar hunturu, sai wani kaso mai yawa ya zama iskar amoniya ya tashi, toka kuma tana ƙara ingiza shi don tana da kanwa-kanwa, haɗa toka da yuriya ko da ɗanyen kashin kaji a lokaci guda asara ce tsantsa. Wanda ya tsira ya shiga ƙasa kuma, waɗancan ƙananan halittun za su juya shi ya zama naitiret, shi kuma naitiret ƙasa ba ta riƙe shi ko kaɗan, duk inda ruwa ya bi nan yake bi. To ka duba ɓangaren sama, rairayi ne, Baffa kuma in ya kunna inji sai fangali ya cika ya tumbatsa yake kashewa. Wani ya tashi sama, wani garin katako ya riƙe, saura ruwa ya wanke shi ya yi ƙasa da shi inda saiwar kabeji ba ta kaiwa, wani ma ya gangara wajen tumatir ɗin da ba ya buƙata. Kabeji na tsakiyar taki yana kwana da yunwa.

Abin da ke ba ni takaici a nan, iskar da muke shaƙa kashi 78 cikin 100 naitirojin ce, amma shuka ba ta iya cin sa a haka. Sai a 1909 wani Bajamushe Fritz Haber ya gano yadda za a kamo shi daga iska a mai da shi amoniya, Carl Bosch ya mai da abin na masana'anta, aka buɗe ta farko a Jamus a 1913. Har yau ta wannan hanyar ake yi, da iskar gas da zafi da matsi mai tsanani, ko a masana'antar takin Dangote da ke Lekki a Legas da aka ƙaddamar a 2022, ko ta Indorama a Eleme kusa da Fatakwal. A kamo abu daga iska da wannan wahalar, a ɗoro shi a tirela tun daga kudu har Kano, dattijo ya cire daga kuɗin fanshonsa ya saya, sannan cikin kwana 3 ya koma iskar da aka ɗauko shi. Kuma ba Baffa kaɗai ba ne, ka bi lambuna da gonakin masara ka ga yuriya fari fat a saman ƙasa tana jiran ruwa.

Sai na ce mu yi lissafi. Na ari sikelin mai shago muka auna kwanon da ake auna masa da shi, ya kama wajen kilo 2 da rabi, kwano 4 ke nan kilo 10. Kilo 10 na yuriya naitirojin kilo 4.6 ne, a kan murabba'in mita 100, in ka kai shi hekta, wato murabba'in mita 10,000, ya zama kilo 460. Masara fa, wadda duk cikin amfanin gonarmu ita ce acici, shawarar da masu bincike irin na cibiyar binciken aikin gona ta IAR da ke Samaru a Zariya suka daɗe suna bayarwa a yankinmu ita ce wajen kilo 120 a hekta, na kaka guda cur. A lambun Baffa wannan ya zama kilo 1.2 na naitirojin, wato yuriya kilo 2.6, kusan kwano guda tak tun daga dashe har girbi, shi ma a rarraba. Shi kuwa ya zuba kusan ninki 4 cikin sati 3, ban da kashin kajin da ke ƙasa. Da na faɗa masa sai ya riƙe baki ya ce, to ai ni gani nake in an ƙara sai su ƙara.

Su kan ƙara ɗin, amma ganye. Naitirojin shi ne mai gina ganye da kara, shi ke sa kore, in ya yi yawa sai tumatir ya shagala da yin reshe ya yi ta jinkirta fure, jikinsa ya yi laushi da ruwa, wannan kuwa shi ne abin da darɓa da farin ƙuda ke so. Baƙin gindin ƴaƴan kuma ƙarancin kalsiyam ne a cikin ɗan tumatir ɗin, ba lalle don babu shi a ƙasa ba, ganyen da ya yi yawa ne ke janye ruwan da ke ɗauke da shi, ga amoniyam na gasa da shi a bakin saiwa, ga ban ruwa yau ambaliya gobe fari.

Gyaran da muka yi ba shi da wani tsada. Na ce tumatir da attaruhu da albasa an gama ba su yuriya, ko ƙwaya. Baffa bai so ba, ya ce ɗana ka ce in zuba ido in bar shuka babu taki? Na ce ku ba ni sati 3. Muka bi tumatir muka fige ƴan rassan da ke fitowa a hammata, muka rage ganyen ƙasa don iska da rana su shiga, muka kafa masa sanduna, muka daidaita ruwa ya zama kaɗan-kaɗan a kan lokaci. Ban yarda mu yi ta malala ruwa don a wanke takin ba kamar yadda wasu ke cewa, saboda rijiyar tana cikin kangon kuma ba ta da zurfi, almajirai da maƙwabta na ɗiba suna sha, naitiret kuma in ya yi yawa a ruwan sha yana da haɗari musamman ga jarirai, Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa iyakarsa miligiram 50 a lita. A ranar ma na sa aka kwashe ragowar kashin kajin da aka jibge dab da bakin rijiyar aka kai can kusurwa.

A sama kuma sai na yi abin da zai sa ya gani da idonsa, tunda gani ya kori ji. Muka ware layi 2 na kabeji. Layi ɗaya muka bi da tsinke muna huda rami kamar tsawon yatsa, nesa da gindi kamar faɗin tafin hannu, mu zuba rabin murfin kwalbar lemo na yuriya, giram 2 zuwa 3 ke nan, mu rufe da ƙasa mu take, da yamma, sannan a ba da ruwa daidai wanda zai jiƙa ba wanda zai kwanta ba. Ɗaya layin muka bar shi yadda yake. Wannan dabarar murfin kwalba ba ni na ƙirƙiro ta ba, masu binciken ICRISAT, wata cibiyar binciken amfanin gona ta ƙasa da ƙasa, a Sadore kusa da Yamai sun daɗe suna koya wa manoman gero a Nijar su sa ɗan taki kaɗan a ramin shuka a maimakon watsawa, don wanda ba shi da kuɗin buhu ma ya amfana. Kwana 6 Baffa ya kira ni tun kafin in karya, ya ce layin nan ya canza, sabon ganye ya fito kore. Na ce tsofaffin da suka yi rawaya fa kar ku jira su, ba za su dawo ba, sabon toho za ku riƙa kallo. Ranar ya bi sauran da kansa, bayan sati 2 muka ƙara zagaye guda, shikenan. Duk abin da muka kashe a zagaye biyun nan bai kai rabin kwano ba.

Ba zan ce an ci riba a wannan shekarar ba. Kabeji ya naɗe amma ƙanana, an dai ci a gida an ba maƙwabta. Salak ya riga ya wuce gyara, ya yi ɗaci, tumaki aka ba. Tumatir ya fara fure sosai bayan kamar sati 3 ɗin da na ce, sai dai jinkirin ya ja shi har ya shiga zafin ƙarshen Fabrairu da Maris, tumatir kuwa in dare ya yi zafi fure zubewa yake, ga shi farin ƙuda ya riga ya sa wa wasu ciwon nannaɗewar ganye, abin da aka tsinka bai kai rabin abin da wurin ya kamata ya bayar ba. Albasa ta fi ba ni tausayi, mai kaurin wuya ba ta bushewa da kyau, ba ta ajiyuwa, sai aka yi ta cin ta ɗanya da lawashinta, wadda aka ce a ajiye kuma ta ruɓe cikin ɗan lokaci.

Akwai kuma fangalin alayyahun nan da ya ƙi jin magani. An ba shi yuriya a binne kamar kowa, ko gezau, da rana ya yi laushi kamar ba a ba shi ruwa ba. Na tuge guda na wanke saiwar, duk ta kumbura ƙulu-ƙulu kamar carbi. Tsutsar saiwa ce, irin ƙananan nan da ba a gani da ido, kuma sun fi son rairayi. Saiwar da ta lalace ko ka juye mata buhu ba za ta sha ba. Na kawo wannan ne don kar wani ya karanta ya ɗauka duk rawaya yuriya ce maganinta, ruwa in ya kwanta ya hana saiwa numfashi ma yana sa rawaya, kafin ka je kasuwa ka tuge guda ɗaya ka duba ƙasanta.

Da bazara ta shigo sai muka koma kan asalin ciwon, wato ita ƙasar. Ƙasarmu ta nan arewa ruɓaɓɓen abu ya yi mata kaɗan, zafi na cinye shi da wuri, mu kuma muna kwashe kara da harawa mu bar ta tsirara, shi ya sa ba ta da inda za ta ajiye naitirojin, sai dai ka ba ta yau ta zubar gobe. Kakanninmu na kewayen Kano sun san wannan, shi ya sa duk rani za ka ga jakuna da mangala suna fitar da takin gida da na bola daga birni zuwa gona, gonar da ake nomawa shekara da shekaru ba hutu amma ba ta mutu ba. Muka haƙa rami a kusurwa nesa da rijiya, muka riƙa jera ragowar garin katako da ɓuntu, a bi da kashin kaji, a bi da ɗanyar ciyawa da ganyen kabejin da aka fige da sharar turken tumakinsa, a yayyafa ruwa ya yi danshi kamar tsumman da aka matse, a rufe da tsohon buhu. Abubuwa biyun da suka yi masa ɓarna a rarrabe, zafin kashin kaji da yunwar katako, da aka haɗa su wuri guda sai kowanne ya zama maganin ɗan'uwansa. Bayan kwana 4 na ce ya tura hannu ciki, ya fizge da sauri ya ce kai, kamar tukunya. Duk sati 2 ana juyawa. Katako yana da taurin kai, sai da ya kwashe damina gaba ɗaya kafin ya yi baƙi ya daina warin kashi ya koma ƙanshin ƙasar da aka yi wa ruwan fari.

Da damina kuma wake muka shuka a wurin duka. Da ya kai kamar sati 6 na tuge guda a hankali na nuna masa ƴan ƙulla-ƙullan da ke manne a saiwa, ya ce to ga tsutsar nan ta dawo. Na ce a'a Baffa ku duba, waccan saiwar ce da kanta ta kumbura, wannan kuwa a gefe yake manne, ka murza ya fita. Na fasa guda da farce, cikinsa ja-ja kamar nama. Wannan jan shi ne shaidar cewa ƙwayoyin da ke zaune a ciki suna aiki, suna kamo naitirojin daga iska suna ba waken, abin da masana'anta ke yi da gas su suna yi a cikin abin da bai kai ƙwayar gero biyu ba. Gyaɗa da waken suya ma haka, gawo ma haka, shi ya sa gero ke yin kyau a ƙarƙashinsa, ga shi yana zubar da ganye da damina ba ya tare rana, duk wanda ya bi hanyar Zinder ko Maraɗi ya ga yadda manoma ke barin sa a gona. Amma na gaya wa Baffa gaskiya, kar ya ɗauka wake zai cika masa ƙasa da taki, yawancin abin da ya kamo yana cikin ƙwayar da harawar, in ka kwashe duka ka sayar to kaɗan ka bar wa ƙasa. Sa'ar da aka yi yana da tumaki, harawar ta tafi turke, abin da ya fito daga turke ya tafi rami, daga rami ya dawo fangali.

Da Oktoba ta zagayo sai muka yi abin a tsare. Ruɓaɓɓen takin nan aka fara zubawa aka juya sati 2 kafin dashe, ɓangaren rairayi ya fi samun kaso mai yawa. Bayan dashe ya kama, kamfa murfi guda a rami a gefen kowace shuka, a binne. Kabeji da salak, da yake ganyen ake nema, su aka ba yuriya sau 2, rabin murfi rabin murfi. Tumatir ba a ba shi ba sai da ya ƙulla ƴaƴan farko suka kai kamar goro, sannan aka ba shi sau ɗaya. Albasa da wuri aka ba ta nata, da ta fara kai aka tsaya cak. Toka kuma ba a hana shi ba, tana da amfaninta, amma an raba mata rana da yuriya, sai an yi sati tsakani. Tumatir ɗin bana bai kai na bara tsayi ba, korensa ma bai kai ba, har wani maƙwabci ya leƙo ya ce Alhaji bana lambun bai yi kyan bara ba, Baffa ya ɗaga masa reshe guda ya nuna masa yadda ƴaƴa suka yi nauyi har sai da aka ƙara sanda. Yuriya kwano guda ya saya, kuma har yanzu da saura a cikin leda a ɗaure a cikin bokiti mai murfi, don na gaya masa tana shan danshin iska ta dunƙule.

Fangalin alayyahun ne dai har yanzu bai gama warkewa ba, wake ma da muka sa a wurin bai yi kyau kamar sauran ba, na tuge na ga kumburin tsutsar na nan. Bana mun hana shi duk wani abu da tsutsar ke so, mun zuba masa ruɓaɓɓen taki fiye da kowa, mun sa masa albasa, in damina ta zo kuma masara ko dawa za mu sa, sai mu sake tugewa mu duba saiwar.